Silifas ɗin Kaka Amparo

"Ina sauran?" Souleymane ya tambaya, yana sake mayar da hoton baya a kwamfuta.

Babu sauran. A allon, Kaka Amparo ta buɗe baki, haɓarta na rawa, sai kyamara ta sunkuya ta tsaya a kan silifas ɗinta, daga nan sai duhu.

Saffana ce ta kashe. Ita 'yar Kano, shi ɗan Maraɗi, ɗaliban fim ne a birnin Guangzhou na ƙasar Sin, kuma tun bara suke naɗar tarihin wannan tsohuwa 'yar Sifen. Tana ƙarama yaƙin basasa ya sa aka zuba su da sauran yara a jirgin ruwa zuwa Rasha, aure ya kawo ta Sin, ba ta sake ganin gida ba. Labarin jirgi kam sun sha shi da Sinancinta mai kauri, amma da an zo kan ƙanenta sai ta tashi dafa shayi. Jiya, Souleymane yana tashar jiragen ruwa ta Nansha yana duba kayan yayansa, ta amayar wa Saffana da komai.

"Kuka take yi, Malam Souley. A gidanmu ba a zuba wa babba ido yana kuka."

"To ga shi kunyarki ta cinye mana fim."

Da ma fim ɗin kaɗai ta ci. Da safen nan aka kai tsohuwar asibiti, ɓarin jikinta ya shanye, harshe ya tafi. Abin da ta ɓoye tun tana yarinya yanzu yana cikin Saffana ita kaɗai, kuma tsoro ya cika ta.

A asibitin jikar Amparo ta tare su, idanunta jajir.

"Jiya da dare ta ce mini ta gaya miki labarin ƙanenta. Mu ba ta taɓa gaya mana ba. Nuna mini."

"Ban ɗauka ba."

Matar ta jawo kujera kusa da gadon. "To zauna ki faɗa."

Souleymane ya saɓa kyamara. Saffana, wadda ko hoton fasfo sai an lallashe ta, ta gyara mayafi ta fara.

"Sunansa Mikel. A bakin jirgi mahaifiyarsu ta haɗa hannayensu, ta ce kada ta sake shi. Burodinta ya faɗi ƙasa, ta sake shi don ta ɗauka. Da ta ɗago..."

Muryar Saffana ta karye, hawaye suka ɓalle. Shi kuwa gogan naka mai faɗan kunya, bai san lokacin da ya kau da kai ba, kyamara ta fara sunkuyawa.

Kaka Amparo ta miƙo hannunta mai lafiya, ta tallabi bakin kyamarar ta mayar da ita kan fuskar Saffana. Ba ta saki ba sai da aka kai ƙarshe.