Gaisuwar da Baba Ya Kai Jami'a

Wata bakwai cur takardar jarrabawar ƙanwata Tahira tana jiran a sake duba ta a jami'a. Darasi ɗaya tak aka ce ta faɗi a shekarar ƙarshe, ita kuwa ta rantse ta ci. Ta cika fom, aka ce kwamiti zai zauna. Muka shuka gero, muka nome, muka girbe, kwamiti bai samu kujera ba! Ga makarantar 'yan matan garinmu ta riƙe mata gurbin koyarwa, amma shugabar ta ce in sabon zango ya shiga babu sakamako, wata za a ba.

Haƙurina ya ƙare, na hau babur sai Gezawa wurin Barista Ikrima. Ya ce zai rubuta wa jami'ar wasiƙa ya ba su mako biyu, in suka yi biris sai a roƙi kotu ta tilasta musu. "Kotu ba ta ba da maki, Basiru, amma tana tashin mai barci."

Da na gaya wa Baba, sai ya rufe littafin da yake biya wa ɗalibansa.

"Ƙara? Wanda ya koya mata karatu za ku kai ƙara? Ina albarkar ilimin za ta fito?"

"Baba, ai jami'ar ce, ba shi ba."

"Rufe mini baki. Malami gaishe shi ake yi."

Ashe da gaske yake. Ranar Litinin, ba shawara, ya sa babbar riga, ya cika ƙwarya da ƙwan zabi, ya shiga motar Kano. Malamin ba ya ofis, sai Baba ya bar wa sakatariya, har da faɗa mata sunan Tahira da lambarta, don kada a rasa daga ina alherin ya fito.

Kai jama'a! Mutanen da suka kasa zama wata bakwai, cikin kwana huɗu suka zauna. Takarda ta iso: ana tuhumar Tahira da yunƙurin ba da cin hanci, an dakatar da duba jarrabawarta sai an gama bincike.

Barista ya karanta, ya dafe kai. "Yanzu sun samu hujjar jinkiri. Sai mun wanke ta tukuna."

Zango ya shiga, aka ba wata 'yar Zakirai aikin. Tahira ba ta yi kuka a gaban Baba ba, ni ne na yi ta faɗa kamar zan ari baki. Shi dai abu ɗaya yake maimaitawa: "Ni gaisuwa na kai."

Jiya Malam Sha'aban, wanda ya shekara ashirin yana ɗaukar karatu a zaurenmu, ya kawo wa Baba ƙwan zabi kamar yadda ya saba. Baba ya daɗe yana kallon ƙwaryar.

"Mayar da su gida, Sha'aban," ya ce. "Don Allah mayar."