Kalmar Farko ta Gordy

Denise Wojcik ta turo mijinta Gordy a keken guragu zuwa falon marasa lafiya, ta taka birki kusa da taga. Tun da shanyewar ɓarin jiki ta kwantar da Gordy a wannan asibiti na garin Toledo a Amurka, ko kalma ɗaya bai furta ba. Da safe likita ya ce mata idan bakin bai buɗe ba nan kusa, gara ta fara neman masa gurbi a gidan tsofaffi. Ta ce to, amma ta kasa shan kofin da ta saya.

Talabijin na bango yana kunne. Talla ta ƙare, sai jita ta ɓarke, tafi ya biyo baya. Nan take Denise ta gane waƙar.

"Motar Yayanki" ce, waƙar da Gordy da abokansa uku suka buga a 1979, suna samari masu dogon gashi. Ta yi tashe bazara ɗaya ta mutu, kowa ya kama gabansa, Gordy ya koma gyaran injin ɗumama gida. Bayan shekaru wani wasan barkwanci ya ɗauke ta yana buɗe shiri da ita, kuma har yau ana maimaita shi kullum da rana. Duk garin an iya amshin, amma ba wanda ya san Gordy ne mai gangar.

Nas Charmaine ta shigo da tiren magani tana rausaya kafaɗa tana bin waƙar. Wani tsoho mai karyayyen ƙugu yana buga sandarsa a ƙasa.

Denise ta dubi hannun Gordy na dama, wanda ya buga wannan gangar, yana kwance a cinyarsa kamar ba nasa ba.

"Don Allah, Charmaine, canza mana tasha."

"Haba Misis Wojcik, wa ke ƙin wannan waƙa? Da ita aka yaye ni."

"Ki dai canza."

Charmaine ta miƙa hannu za ta ɗauki rimot. Gordy ya yi wani gurnani. Idonsa na kan talabijin, inda muryar Lenny Baranek, mawaƙinsu, ke ƙoƙarin hawa sama. Rabon da su yi magana da Lenny tun wata rigima a kan wanda ya rubuta amshin.

Leɓen Gordy ya karkace, ya yi ta kokawa da harshensa.

"Ja...ki," ya ce.

Denise ta durƙusa a gabansa. "Me ka ce, Gordy?"

"Lenny. Jaki. Bai... iya ba."

Charmaine ta ajiye tiren a hankali, ta fita da sauri kiran likita. Tsohon mai sanda ya ce, "Ni dai na ji daɗin muryar yaron."

Denise ta kifa goshinta a gwiwar mijinta. Dariya take yi, hawaye na jiƙa masa wando. Ya ɗora hannun hagu a kanta.

Bayan likita ya duba shi, ya ce a bar maganar gidan tsofaffi tukuna, sai ta fita baranda ta nemo lambar Lenny a wajen ƙanwarsa. Yana Florida yanzu, yana sayar da kwale-kwale.

"Lenny, Denise ce. Gordy ya yi magana."

Bai tambayi abin da ya sami Gordy ba. Ashe labarin ciwon ya kai masa tuntuni.

"Me ya ce?"

"Ya ce kai jaki ne, ba ka iya waƙa ba."

Lenny ya fyace hanci da ƙarfi.

"Allah na gode maka," ya ce. "Ki faɗa wa tsohon banzan nan shi ma gudu yake yi da gangar, mu muke binsa a baya. Wane ɗaki yake?"