Mangwaro a Gidan Kwastan

Dashen mangwaro mai aure guda goma sha biyu Mai Lambu ya sayo daga ƙasar waje, kowanne cikin baƙar leda, tsayinsa bai wuce gwiwa ba. Ba don kasuwa ya sayo su ba. Mahaifinsa, tsoho ɗan shekara tamanin da idonsa ya fara dushewa, ya taɓa shan irin wannan mangwaro a yawonsa na ƙuruciya, kuma tun daga lokacin ya hana kunnen kowa sakat da labarinsa. Mai Lambu ya yi masa alkawarin zai sha nasu na kansu kafin ya bar duniya.

Sai 'yan kwastan suka tsare kayan. Wani jami'i da ake kira Dogon Biro ya zagaya dashen, ya shinshina ganye, ya ce ai wannan kayan ado ne irin na ƙofar otal, harajinsa mai tsada ne. Mai Lambu ya ce kayan noma ne, doka ta yafe musu haraji. Dogon Biro ya ce to in na noma ne, ina 'ya'yan? A kan wannan tambaya aka tafi kotu.

Kotu kuwa ba ta san gaggawa ba. Yau alƙali ya tafi taro, gobe fayil ya ɓace, jibi an ga fayil amma lauyan gwamnati na fama da mura. Dashen na jere a bayan sito, tsakanin wata mota da aka kama da tulin tsofaffin tayoyi. Tunda shuka ba ta jiran alƙali, kullum da safe Mai Lambu sai ya zo da jarka biyu a kan babur, ya sa hannu a littafin baƙi, ya yi ban ruwa. Har takin dabbobi ya taɓa kawowa, mai gadi ya zura hannu cikin buhun don bincike, bai sake ba. A gida tsoho na tambaya, shi kuma yana cewa suna nan suna girma. Ba ƙarya ya yi ba, amma duk ranar da ya faɗa sai ransa ya ɓaci, don yana ganin yadda tsohon ke ƙara ranƙwafawa.

A shekara ta huɗu bishiyoyin suka yi 'ya'ya. Alƙali ya zo da kansa, ya sha ɗaya a matsayin shaida, ya ƙara na biyu don ya tabbatar, sannan ya ce a sakar wa mutum kayansa.

Mai Lambu ya ɗauko motar kaya yana murna. Ashe saiwa ta daɗe da fasa leda ta nutse cikin ƙasar gwamnati. In an tumɓuke su mutuwa za su yi. Ma'aikata ma sun kafa benci a inuwar, nan Dogon Biro ke ajiye motarsa. Mai Lambu ya haɗiye fushinsa, ya tsinki kwando guda ya nufi ƙofa. Dogon Biro ya tare shi, ya warware takardar kotu, ya bi ta da yatsa.

"Dashe goma sha biyu aka rubuta. Ban ga inda aka ce 'ya'ya ba."

Mai Lambu ya ajiye kwandon. Washegari ya goyo tsohon a babur, ya rubuta sunansa a littafin baƙi, ya zaunar da shi a kan bencin ma'aikata, ya fere masa mangwaro. Tsoho ya sha, ruwan na bin gemunsa. Can ya ce shi ne, wallahi shi ne. Sannan ya ƙura wa masu kakin nan ido, waɗanda yake gani dishi-dishi.

"Gonar ta yi kyau, ɗana. Amma 'yan ƙwadagon nan naka, tun da muka zo ban ga wanda ya sunkuya ba."

"Zan sallame su, Baba," in ji Mai Lambu. Ya goge idonsa da hannun riga, ya fara fere masa na biyu.