Inda Kiran Ladan Ya Tsaya

Tun ranar da mai garin Kafin Hadi ya ja linzami a bakin gonar Ɗantani, Ɗantani ya san masifa ta kamo hanyar gidansa. Mai garin, Maikuɗi, ba ya tsayawa a gonar talaka don ya ce sannu da aiki. Abin da ya tsayar da shi murya ce. Sa'idu, ɗan farin Ɗantani, yana sharar gona yana waƙa, muryar tana tashi har ana jinta a bayan rafi. Mai gari ya karkata kai yana saurare kamar dillalin da ya hango ingarma a hannun wanda bai san darajarsa ba. Sannan ya wuce.

Kafin Hadi yana wajen Gaya, Kafin Bubayero yana wajen Ajingi, tsakaninsu tafiyar da ba ta kai ka cinye goro ɗaya ba. Kowane gari bai cika gida sittin ba, amma in ka ji mai garin yana cewa "ƙasata" sai ka rantse Borno yake riƙe da ita. A tsakaninsu akwai wata fadama mai ba da albasa da alkama da rake. A kan wannan fadamar aka shafe shekara hamsin da ɗoriya ana fasa wa juna kai.

Asalin abin kakanni ne. Hadi manomi da Bubayero makiyayi sun sauka a wurin 'yan shekaru bayan jihadi, abokai ne, kwano ɗaya suke ci. Da aka zo rabon ƙasa, maimakon su dasa gamba ko su haƙa kwari kamar masu hankali, sai suka ga dama su nuna wa mutane tsoron Allah. Bubayero ya ce, "Duk inda kiran sallar garinka ya kai, naka ne. Daga inda ya tsaya, nawa ne." Aka shafa fatiha, aka yi ta yabonsu. Ba wanda ya tuna cewa ladan yana tsufa, iska kuma tana juyawa.

Da suka mutu, 'ya'ya da jikoki suka gaji maganar, hankalin zumuncin bai biyo su ba. Mutanen Kafin Hadi suka ɗaga matattakalar ladan har ta fi tsayin mutum. Na Kafin Bubayero suka zo da rana tsaka suka rushe ta, aka karya hannu biyu. Wani mai gari ya tashi masallaci gaba ɗaya ya mayar da shi bakin ƙofar da ke duban fadama, ya ce wai can ya fi tsabta. A Kafin Hadi aka taɓa samun ladan mai ƙarfin murya, Da'u, wanda ake ji har tsamiyar ƙarshen fadama. Samarin ɗaya garin suka tare shi a hanyar kasuwar Ajingi suka farfasa masa haƙarƙari, bai ƙara ɗaga murya sama da ta tari ba har ya koma ga Allah. Wanda ya gaje shi ya sha fura a wani suna, washegari ya tashi ba ya iya kiran ko akuyarsa. Shekarar da maharan Ningi suka ɓullo, masu garin biyu suka riga mata da yara shiga ganuwar Gaya, aka sauke su a zaure ɗaya, rumbunansu suna cin wuta a baya, su kuwa suna gardamar fadama.

Ɗantani ya yi shekara goma sha tara yana ladanci ba wanda ya taɓa ko harararsa. Dalili, muryarsa 'yar ƙarama ce, iyakarta ta tashi mutanen gari, kuma 'yan shekarun nan ta fara dushewa. Mutanen Kafin Bubayero har gaishe shi suke yi a kasuwa da fara'a, suna yi masa addu'ar tsawon rai.

Kwana uku bayan tsayawar nan a gona, aka aiko kiransa. Ya tarar da Maikuɗi a zaure, fadawansa huɗu suna zaune, waɗanda ba su da sana'a sai gyaɗa kai.

"Ladan, ka ji alƙali zai aiko muhutinsa, malamin da ke taya shi shari'a, ranar Alhamis? Za a tsaya a fadama, a yi kiran la'asar, inda aka daina ji a kafa dutse. An gama, har abada."

"Na ji, ranka ya daɗe."

"To, da wace muryar za mu je? Da taka?"

Wani bafade ya ce, "Ai in Ladan ya kira, ko kajin gidansa sai sun matso kusa." Aka yi dariya, mai gari ya fi kowa.

"Yaron wajenka zai hau," in ji Maikuɗi.

Ɗantani ya gyara zama. Ya ce, "Ranka ya daɗe, yaro ne. Ko iyali bai ajiye ba. Ka san abin da ya sami Da'u."

"Da'u ya samo mana tsamiya."

"Ya samo muku tsamiya, shi kuma ya samu kabari."

Maikuɗi ya dube shi sama da ƙasa. "Kai da aka ba ka ladanci don tausayi, yau kai ne mai ba ni tarihi? Ƙasata nake karewa. In ɗanka ya faɗi a kan ƙasata, ai shahada ya yi."

Ɗantani bai yi karatu mai zurfi ba, amma ya san ba a shahada a kan albasa. Ya haɗiye maganar, ya yi sallama ya fito.

A gida ya tarar labari ya riga shi. Sa'idu yana tsakar gida, an aiko masa da sabuwar riga daga gidan mai gari da ƙwaryar zuma ta gyaran maƙogwaro. Uwarsa Hansai tana tankaɗe, ba ta ɗago kai ba.

"Baba, ka ga abin arziki? An ce in na kai tsamiya, gonar bakin rafi tawa ce."

"Mayar musu."

"In mayar? Shekara nawa ana yi mana dariya a garin nan? Yara suna kwaikwayon kiranka a bayan masallaci, ka sani ko ba ka sani ba?"

"Na sani. Suna kwaikwayona ina raye. In ka kai tsamiya, ba za ka ƙara zuwa kasuwa kai kaɗai ba, ba za ka ƙara shan ruwan gidan kowa ba. In ba ka kai ba, wanda ya ba ka rigar nan shi zai tuɓe ta da fatarka."

"Tsoro ne kawai, Baba."

"Tsoro ne. Wa ya ce maka ba shi ba ne?"

Sa'idu ya ɗauki rigarsa ya fice. Hansai ta ajiye rariya. Ba ta kama sunan ɗan fari, don haka ta ce, "Malam, yaron nan ba zai ji ba. Kunnensa ya cika da zuma. In akwai abin yi, kai za ka yi shi."

"Ni me na isa?"

"Kai ne ladan, ko an tuɓe ka ban ji ba?"

Ta koma kan tankaɗenta. Maganar ta zauna wa Ɗantani a rai har Alhamis.

Muhutin, Malam Abdulsalam, ya iso da hantsi a kan alfadari. Ya fara sauka a Kafin Bubayero ya ci rago, sannan ya zo Kafin Hadi ya ci wani, don kada a ce ya yi son kai. Bayan azahar aka taru a bakin ƙofar gari. Arɗo Haruna, mai garin Kafin Bubayero, ya zo da mutanensa riƙe da sanduna, suna cewa wai na kiwo ne. Sa'idu yana tsaye gindin matattakala cikin sabuwar riga, samarin Arɗo suna ƙare masa kallo ɗaya bayan ɗaya, kamar masu son kada su manta fuskar. Ɗantani ya ga kallon nan.

Muhuti ya sa aka maimaita maganar kakanni. Ya ce, "To, ina ladanin?"

Maikuɗi ya nuna Sa'idu. Kafin ya sauke hannu Ɗantani ya fito tsakiyar fili, ya durƙusa.

"Allah ya gafarta malam, ni ne ladanin garin nan. Shekara goma sha tara. Ko asubar yau ni na kira. Wannan bai taɓa hawa matattakalar nan ba ko sau ɗaya."

Arɗo Haruna ya yi wuf ya cafke. "Mun shaida. Kakanmu kiran sallar gari ya ce, bai ce a ɗauko mawaƙin gona ba. Mu Ladan muka sani, mutumin kirki."

Maikuɗi ya kumbura kamar zai fashe. "Tsohon nan ya ruɗe, malam."

"Da shi kuke salla?" in ji muhuti.

"Da shi, amma…"

"To, shi zai hau."

Sa'idu ya dubi ubansa. Ya tuɓe rigar a gaban jama'a, ya ninke ta, ya ajiye a kan matattakala, ya bi ta cikin mutane ya tafi.

Aka jera shaidu a fadama, daga bakin rafi har tsamiya, kowane wuri mutum biyu, ɗaya na nan ɗaya na can. Muhuti ya zauna a inuwar wani marke a tsakiya. Da inuwa ta kai ta la'asar, Ɗantani ya hau, ya sa yatsu a kunne, ya kira yadda ya saba, bai ƙara ba bai rage ba. A wajen "hayya alal falah" muryar ta karye, ya yi tari, ya ƙarasa. Da ya sauko ya leƙa masallaci, ba kowa. Liman ma yana fadama yana kasa kunne. Gari biyu sun fito sauraron kiran salla, ba a samu mutum ɗaya da ya amsa shi ba. Ɗantani ya tayar da iƙama ya yi la'asar shi kaɗai.

Can a fadama, shaidun Kafin Hadi na gindin tsamiya suka ce sun ji tar, har tarin ma sun ji. Shaidun Kafin Bubayero na bakin rafi, waɗanda ke iya hango leɓen ladan, suka ce ko motsi ba su ji ba. Kowa ya ce a kawo Alƙur'ani ya dafa. Aka juya ga muhuti, aka tarar rago biyu sun yi aikinsu, barci ya ɗauke shi a gindin marke. Da aka tashe shi ya gyara rawani, ya ce iskar yau ba ta da adalci, a bari sai bayan kaka ya dawo. Kafin ya hau alfadari an fara sanduna, aka fasa kan mutum uku.

Washegari Maikuɗi ya tuɓe Ɗantani daga ladanci, ya karɓe gonarsa ta fadama. Ya kuma aiko da saƙo har gida: daga Juma'a mai zuwa Sa'idu ne ladan, kafin kaka ya cika wata shida a kan matattakala, a ga wanda zai ce ba ladan ba ne.

Ɗantani bai tsaya roƙo ba. Ya ja jakinsa ya nufi Gaya, inda ya ji wani ayarin fatake ya yi zango zai wuce gabas. Ya sami madugun, ya ba shi jakin, ya ce ya ɗaukar masa ɗa a cikin masu korar jakuna. Ya dawo a ƙasa. Hansai ta daka gumba ta ƙulla a tsumma ba tare da an gaya mata ba.

Sa'idu ya saurari maganar yana duban ƙasa.

"Ka kunyata ni a gaban gari biyu, yanzu kuma kora ta kake yi."

"Ina umartarka ne. In na isa da kai, ka tafi. Kada ka dawo sai ka ji an kafa dutse a fadamar nan."

"Ba za a kafa ba, Baba. Kai ma ka sani."

Sa'idu ya durƙusa wa uwarsa, ta dafa kansa. Amma bai dubi ubansa ba, ya saɓa ƙunshinsa ya kama hanyar Gaya da hantsi. Ɗantani ya bi shi daga nesa har mararraba, yana jira ya waiwayo.

Bayan kaka muhuti ya dawo, aka sake yanka raguna, aka sake ɗagawa. Maikuɗi ya sayo wani ladan daga wajen Toranke, bai yi wata biyu ba ya gudu. Ɗantani yana noma 'yar gonar tudu, duk ranar kasuwa yana zuwa zangon Gaya yana tambayar fataken gabas. Wani ya ce ya ga saurayi mai kama da shi a Kukawa, wani ya ce an tare ayarin nan tun kafin ya ƙetare Haɗeja. Ko Sa'idu yana da rai, ko kuma ya yafe masa, Ɗantani bai sani ba.