Shirun Minti Biyu

Ƙarar na fara ji tun daga barandar asibiti, kafin in ga Baba. Sauti uku ne, na ƙarshen ya ɗan sauka ƙasa. Ko daga barci aka tashe ni da shi zan gane shi, don ni na zaɓe shi.

A garinmu, can arewacin Minnesota inda ake haƙar ƙarfe, Baba yana gaya wa kowa cewa 'yarsa Aila tana ƙera na'urorin asibiti a Minneapolis. Ban taɓa ƙera ko ƙusa ba. Fayil guda nake kula da shi a kamfaninmu, fayil ɗin ƙararrawa. Injin ƙarin ruwa, na'urar auna bugun zuciya, ta taimakon numfashi, babu wadda ke da muryar kanta. Duk daga wannan fayil suke ɗauko kukansu, kamar rijiyar unguwa da kowane gida ke ɗiba. Sau ɗaya aka rubuta shi, aka gwada shi har muka gaji, aka rufe. Wanda ya taɓa harafi ɗaya a ciki ya jawo wa kowace na'ura sabon gwaji na watanni, shi ya sa ko kallonsa ba a so a yi da ƙarfi.

A ciki na rubuta cewa idan aka danna maɓallin shiru, minti biyu kawai na'ura za ta yi, ta dawo da kukanta. Masu injin ƙarin ruwa sun taɓa roƙona in bar musu wata ƙofa ta baya, na ƙi. Ƙararrawar da ake iya kashewa gaba ɗaya tana kashe mutane. Har yau ban canja ra'ayi ba.

Ranar Lahadi ce da rana. Likita ya riga ya gaya mana, ni da yayana Curtis, cewa magani ya ƙare, saura a rage masa zafi. An cire duk wayoyin jikinsa, sai injin da ke ɗiga masa maganin raɗaɗi. Injin kamfaninmu ne, kuma shi ke kuka, yana sanar da cewa jakar maganin ta kusa ƙarewa. Nas ɗin, wata dattijuwa mai suna Marlys, ta ce an aika a kawo sabuwa daga wani gari, kuma ita kaɗai ce a ɓangaren. Idan ta kashe injin, maganin ya tsaya. Ta danna maɓallin ta fita da sauri.

Baba ya buɗe ido ɗaya ya same ni.

"Injiniya, kin iso? To zo ki rufe wa ɗanki baki. Rayuwata kaf a cikin rugugin injin ramin haƙar ƙarfe na yi ta, tafiyar ma sai da kiɗa?"

Na ce masa ba a iya kashewa. Yaya Curtis ya dube ni kamar na ce ban san hanyar gidanmu ba. Ya ce ai ni na yi abin, in buɗe in cire, ko in kira wani a ofis. Na fara yi masa bayanin fayil, ya ɗaga mini hannu.

"Ke dai kullum da bayani. Mutum shiru ya roƙa, ba lacca ba."

Akwai abu ɗaya da na sani. Idan aka sake danna maɓallin a daƙiƙoƙin ƙarshe, kafin kukan ya fito, shirun yana sabuntawa. Idan aka danna da wuri, injin ba ya kulawa. Da gangan na yi haka, don kada wani ya manne maɓallin da salatif ya tafi shan kofi. Sai mutum ya tsaya yana kallon lambobin da ke sauka a ɗan allon.

Na ja kujera gefen injin na zauna. Yaya ya riƙe hannun Baba ta ɗaya gefen gadon.

Ɗakin ya yi tsit. Har muna jin motoci a kan titi, da wani mai yankan ciyawa can nesa. Baba ya ce yauwa, ashe karatun bai tashi a banza ba. Daga nan bai ƙara magana ba. Ban ji baƙin ciki ba, ban ji komai ba. Lambobi suna sauka, ina dannawa, suna komawa sama. Sau ɗaya na juya in dubi fuskarsa, lokacin ya kuɓuce mini, sautin ya fashe, Baba ya zabura ya yamutsa fuska. Ban sake juyawa ba.

Ban san tsawon lokacin da muka yi haka ba. Babban yatsana ya yi tsami, na canja hannu. Ina jin numfashinsa a bayana, yana ja, yana tsayawa, yana dawowa, har na daina bambanta shi da ƙarar fankar ɗakin.

Yaya ya kira sunana a hankali. Na ce ya ɗan jira, saura kaɗan. Na danna, sannan na juya.

Ya riga ya rufe wa Baba ido.

"Ya farka kafin ya cika, Aila," in ji shi. "Ya daɗe yana kallonki. Ƙeyarki kawai yake gani."

Na tambaye shi ko ya ce wani abu. Ya girgiza kai. Ya ce a cikin shiru ya tafi, yadda ya roƙa, ya kamata in san wannan. Na ce to.

Muka zauna. Marlys ba ta dawo ba tukuna. Babu wanda ya tuna da injin, sai ga sauti ukun nan sun cika ɗakin, na ƙarshen ya ɗan sauka ƙasa. Na miƙa hannu na danna.