Murmushin Inna na Wata-wata

Mijina bai iya cewa a'a ba. Ba gulmarsa nake yi ba, duk layin masu gyaran kujeru sun sani, shi ya sa suka laƙaba masa Malam Ba-komai. Mutum zai kawo kujera soso ya mutu, ƙafa ɗaya ta karye, ya ce jibi yake so, Malam ya ce ba komai. Ya dawo ya ce launin yadin bai yi wa matarsa ba, a sake, Malam ya ce ba komai. Ni kuwa tela ce, shagona na kallon nasa, titi ne kawai tsakaninmu, kuma Allah bai yi ni da wannan sanyin ba. Wadda ta canza ra'ayi bayan na ɗinka hannun riga, to ta shirya sake biya.

To wannan bawan Allah ne ya je ya ƙulla hulɗa da manhajar waya.

Abin ya faro ne daga hoton Inna, mahaifiyarsa, Allah ya jiƙanta. Hoto ɗaya tak muke da shi nata, ɗan ƙarami irin na katin shaida, ya koɗe, gefensa ya lanƙwashe. A ciki ta haɗe rai kamar mai hoton ya taka mata ƙafa. Ni dai haka na san ta. Mun zauna gida ɗaya shekara da shekaru, ban taɓa ganin haƙoranta don ni ba. In na yi shara ta ce na bar lungu, in na ce ban bari ba ta ce bakina ya fi tsintsiyata aiki. Ni kuma ba na haɗiye magana. Sai na mayar, cikin ladabi dai, amma sai na mayar, sannan in juya in shige ɗaki.

Wani da ya kawo gyaran kujerar ofis ne ya nuna wa Malam manhajar. Ka ɗauki tsohon hoto da waya ka saka mata, sai ta wanke shi, ta sa masa launi, ta sa mutumin ya motsa. Ranar nan ina tsakar yanka yadi sai ga Malam ya tsallako titi da sauri, guduma a hannu ɗaya, waya a ɗayan, bai ko yi sallama ba.

“Tela, duba nan. Duba!”

Na duba. Inna ta ɗago kai a hankali, ta ƙifta ido, ta yi murmushi.

Almakashi ya faɗi daga hannuna. “La'ilaha illallahu! Malam, wannan ai ba Inna ba ce. Wata suka samo mai kama da ita.”

“Ita ce mana.”

“Inna da murmushi? Haba, ko injin ne ai ya kamata ya ji tsoron Allah.”

Ya yi dariya har da ƙwalla, kuma na lura ba duka ƙwallar ce ta dariya ba. Tun daga ranar, kafin ya buɗe shago sai ya zauna a kan wata kujera da ba a gama rufewa ba, ya buɗe waya ya ce, “Ina kwana, Inna.” Ita kuma ta ɗago kai ta yi masa murmushi. Ina hango shi daga bayan kekena, kuma wallahi abin yana taɓa ni.

Abin da ban sani ba shi ne, da manhajar ta ce masa gwaji kyauta ne, ta nemi lambar katin banki. Ya ba ta. Kuma ba kowane kati ba, katin cefanen gida, wanda alat ɗinsa, wato saƙon banki, ke shigowa wayata.

Watan farko da na ga an zare kuɗi, banki na zaga. Na zage su tas, ni kaɗai a shago, har mai jiran ɗinki ta ce in yi haƙuri. Wata na biyu aka sake zarewa, daidai irin na farko. Na tsaya na karanta saƙon da kyau, sai ga sunan manhajar Malam a ƙasa. Ko takalmi ban tsaya sawa daidai ba na tsallaka.

“Malam, waye ke cin kuɗin cefanenmu duk wata?”

Ya cire ƙusoshin da ya riƙe a baki ɗaya bayan ɗaya. In ya yi haka na san ba shi da gaskiya.

“Na yi niyyar dainawa,” ya ce. “Har na shiga wurin da ake sokewa.”

“Sai me?”

“Sai suka roƙe ni.”

“Su wa?”

Ya nuna min. Ya danna inda aka rubuta soke rajista, sai ga wani ɗan zanen kyamara mai manyan idanu, hawaye na zuba, an rubuta a ƙasa wai da gaske za ka tafi ka bar mu?

“Kin gani? Kuka yake.”

“Zane ne, Malam! Zane!”

“To kuma suka ce sun rage min na wata mai zuwa. Mutum ya roƙe ka, ya rage maka, ka dube shi ka ce a'a? Ai rashin mutunci ne.”

Raina ya ɓaci ba kaɗan ba. Na fizge wayar, na danne hoton manhajar da babban yatsa har ta fara rawa, na goge ta. Na miƙa masa. “Shi ke nan. In suna da wani roƙon su tsallako shagona.”

Bai yi faɗa ba, da ma ba ya yi. Ya dubi gurbin da manhajar take, ya daɗe yana kallo. Sannan ya ce, a hankali, “A cikinta Inna take. Sun ce in na tafi, duk abin da na ajiye a wurinsu zai ɓace. Sau ɗaya na binne ta, Tela. Shi ya sa na kasa.”

Na rasa inda zan sa kaina. Na koma shago na ɗinka wuyan riga a baibai.

Kwanakin da suka biyo baya ba su yi daɗi ba. Da safe ya buɗe shago kai tsaye, ba zama, ba gaisuwa. In na kai masa shayi ya ce ya gode. In na ce ya yi haƙuri ya ce ba komai, kuma a karon farko wannan kalma tasa ta riƙa sukata. Abin da nake lallashin kaina da shi kawai, aƙalla na tsare kuɗin cefane.

Ashe ko wannan ban yi ba. Wata na cika, ƙirrr, alat. Sun sake zarewa.

Kai! Ba Inna, ba kuɗi. Na ja Malam da wayarsa har rumfar Injiniya, wani dattijo mai gyaran waya a bakin layinmu, mai tabarau biyu, ɗaya a ido ɗaya a goshi. Na zayyana masa komai ina huci. Ya saurara har na gama, sannan ya kwashe da dariya har yana buga teburi, ƙananan sukurori na tsalle.

“Anti Tela, kin taɓa zama gidan haya?”

“Na taɓa.”

“In kika kwashe kayanki kika fita ba ki gaya wa mai gida ba, haya ta tsaya?”

“Ba ta tsaya ba.”

“To abin da kika yi ke nan. Goge manhaja daban, soke rajista daban. Su a wurinsu Malam na nan daram.” Ya sauko da tabarau na biyu. “Amma ki gode wa Allah da ba ki iya ba. Tunda suna karɓar haya, ɗakin na nan, kayan ma na nan.”

Malam ya matso. “Kana nufin Inna…”

“Zauna mu gani.”

Injiniya ya sake sauke manhajar, ya tambayi kalmar sirri. Malam ya sunkuyar da kai ya faɗa can ƙasa-ƙasa. Ba sai na gaya muku ba, laƙabinsa ne. Ƙaramin yaro ma zai canka. Da'ira ta yi ta juyawa a fuskar wayar, mu uku mun haɗa kai a kanta, mai ɗauke da katifa ya wuce ya kusa kwashe mu ba wanda ya ɗago.

Sai ga Inna. Ta ɗago kai, ta ƙifta ido, ta yi murmushi.

“Sannu da dawowa, Inna,” in ji Malam.

“Yanzu a yi abu bi da bi,” in ji Injiniya. “Kafin a sallami mai gida, a fara kwashe kaya.” Ya nuna mana wata 'yar kibiya mai kallon ƙasa, ya danna, bidiyon ya sauka cikin ma'ajiyar hotunan wayar. Ya rufe data gaba ɗaya, ya kunna shi, ya yi. “Wannan naka ne yanzu. Ko kamfanin ya rufe gobe, ba ruwan Inna.”

“Tun farko ana iya haka?” na tambaya.

“Tun farko. Ba za dai su rubuta muku da manyan haruffa ba.”

Sannan ya miƙa wa Malam wayar ya ce ya soke da hannunsa. Malam ya gyara zama, ya yi bisimilla, ya danna. Ɗan kyamarar nan ya fito da hawayensa. Yatsan Malam ya tsaya a sama.

“Ko a bari wata ya ƙare…”

“Miƙo nan,” na ce.

“Kar ki goge!”

“Riƙe da hannunka, ni zan danna.”

Haka aka yi, shi riƙo ni dannawa. Da gaske za ka tafi? Da gaske. Mun rage maka rabi. Mun gode. To ga wata ɗaya kyauta. Kyautarku ce ta kawo mu nan. Gaya mana dalilinka. Na ce Injiniya ya rubuta musu cewa matarsa ce ta hana. Maɓallin zama ƙato ne kore shar, na tafiya kuwa ɗan siriri ne a can ƙasa, toka-toka, sai ka ƙanƙance ido. Ni da nake zura zare a allura tun safe, ai ba su isa su ɓoye min ba.

A shafin ƙarshe suka yi abin da ya ƙona min rai. Suka fito da fuskar Inna kanta, suka rubuta wai za ka rabu da wannan? Malam ya runtse ido. Ni ma yatsana ya ɗan tsaya, ba zan ɓoye ba. Sai na ce a raina, ku marasa kunya, da tsohuwar mutane za ku yi talla? Na danna.

Injiniya ya shiga asusun da ake sauke manhajoji, inda ake jera duk abin da mutum ke biya wata-wata, ya nuna mana an rubuta an soke, ga ranar da zai ƙare. Ya ɗauki hoton shafin ya ce mu ajiye ko da za su yi gardama. Ya kuma ce in an sake cewa kyauta amma a kawo lambar kati, Malam ya tsallaka titi tukuna.

A hanyar komawa Malam ya buɗe ma'ajiyar hotuna ya kunna, ya sake kunnawa, sai da na riƙe masa gwiwar hannu kar ya faɗa kwata. Fuskarsa ta washe, har yana gaida mutanen da bai sani ba.

“Na ji daɗi da ta dawo,” na ce. “Amma gaskiya ɗaya ce, murmushin nan injin ne ya ƙirƙira. Inna ba ta yi.”

“Tana yi.”

“Yaushe? Ina ina?”

“Kina bakin ƙofa, kin juya baya.” Ya tsaya a gaban shagona. “Duk ranar da ta taɓa ki kika mayar mata kika shige ɗaki, haka take yi, sak. Sai ta ce min, ‘Kai ba ka iya cewa a'a ba, tun kana yaro. Na gode Allah da ya kawo mana wadda ta iya. Ko na tafi, ba mai cinye ka.’ Ta ce in na gaya miki sai ta saɓa min.”

Na karɓi wayar. Inna ta ɗago kai, ta ƙifta ido, ta dube ni.

Wata mai karɓar ɗinki na zaune a benci tana jirana, ta tambaya ko lafiya. Na ce mata zare ne ya shigar min ido.

“Malam,” na ce, “turo min ita a wayata.”

Ya ce ba komai.