Duk Abin da Ya Sa wa Hannu

"Ka ƙara wannan," in ji Baban Ƙarfe, ya doka yatsa a kan teburin lauya har biro ya gangara ƙasa. "Ba sauke shi kaɗai nake so ba. Duk abin da ya sa wa hannu tun ranar da ya hau kujerar nan, kotu ta ce bai yi ba."

Lauyan ya cire tabarau ya dube shi. "Malam, ka san me ake nufi da duka? Ƙarin girma, ɗaukar ma'aikata, takardun shaidar ɗaliban da suka gama..."

"Na ce duka."

Ɗalibai ne suka sa masa Baban Ƙarfe, don ya yi furfura yana koyar da walda a kwalejin fasahar, kuma ba ya lanƙwasuwa. Da tsohon shugaba ya yi ritaya, shi aka ba riƙo, kowa na ganin kujerar tasa ce. Ashe amininsa Dakta, malamin harkar gudanarwa, wanda mota ɗaya suke shiga zuwa aiki, shi ya zauna a kwamitin tsara sharuɗɗa ya cusa cewa sai mai digiri na uku. Da ya gama cusawa ya fice daga kwamitin, ya nemi kujerar, ya samu. Ko wannan da sauƙi. Abin da ya tsaya wa Baban Ƙarfe a maƙoshi shi ne kwalin taliyar da aka zuba kayan ofishinsa a ciki, masinja ya kawo masa ɗakin walda a gaban ɗalibai, har da buta da silifas ɗin alwala.

To ga shi dokar da ta kafa kwalejin ta ce shugaba ya zama wanda ya karanci fannin fasaha. Dakta kuwa ko ƙusa bai taɓa bugawa ba.

* * *

"Baban yara, ɗaga kai ka dubi bango," in ji matarsa ranar da ta ji labari.

Ba sai ya duba ba. Takardar shaidar 'yarsu Auta ce a cikin firam, shi da kansa ya yanka gilashin ya haɗa. Da ita kamfanin lantarki ya ɗauki Auta aiki, mace ɗaya tilo cikin masu haɗa injin. A ƙasan takardar ga sa hannun Dakta, ya ja shi da tsawo kamar jelar ɓera.

"Na sani. In na hau, ni zan sake sa mata hannu. Hannun ubanta."

"In ba ka hau ba fa?"

"Ke dai ba kya rasa mugun baki."

"Bakina ne mugu? Yarinyar nan hannunta duk tabon ƙuna kafin ta samu wannan takarda. Ka yi faɗanka da mutum, ka bar mini 'yata."

Ya ɗauki hularsa ya fice. Ya ji maganar sarai, amma kwalin nan ya fi ta ƙara a kunnensa.

A barandar kotu Dakta ya tare shi, ya rame, riga na yi masa yawa. "Yaya, ka yi wa Allah ka janye wancan sashen na rushe duk abin da na sa wa hannu. Ni zan ajiye aikin da kaina. Yara ɗari da wani abu ne, har da 'yarmu."

"'Yarku?" Baban Ƙarfe ya yi murmushin da bai kai ido ba. Daɗi ya ji, daɗi har cikin ƙashi, ganin mutumin yana roƙo. "Kai da wa? Ba so nake ka sauka ba. So nake a rubuta cewa ba ka taɓa hawa ba."

* * *

Haka kuwa aka rubuta. Alƙali ya ce naɗin Dakta ya saɓa doka, duk abin da ya sa wa hannu ya rushe. Baban Ƙarfe ya juya yana neman idon Dakta don ya sha kallo, shi ya sa bai ji farkon sauran hukuncin ba, sai da lauya ya taɓa shi. Sharaɗin digiri na uku, in ji alƙali, hukumar kwaleji na da ikon sa shi, yana nan daram. Wato shi ma Baban Ƙarfe, da ba shi da digirin, bai cancanta ba.

Hukuma ta ɗaukaka ƙara. Kafin a saurara, kotu ta hana a naɗa kowa, ko na riƙo. Ofishin shugaba ya zauna a kulle, babu mai sa hannu a komai.

Ran nan yana zaune a falo da hantsi sai ga Auta ta yi sallama, a lokacin da ya kamata tana bakin aiki. Takalmin aikinta na rataye a kafaɗa. Ta durƙusa ta gaishe shi kamar kullum.

"Lafiya, Auta?"

"Sun ce in zauna a gida, Baba, sai na kawo takarda mai inganci. Sun ce ba za su iya jira ba."

"Za a gyara. Lauya ya ce in an zauna..."

"To, Baba."

Ta miƙe ta sauke firam ɗin, ta buɗe bayansa a hankali don kada ta fasa masa gilashi, ta zare takardar ta ajiye a kan gwiwarsa. Sannan ta mayar da firam ɗin kan ƙusarsa, ta daidaita shi, ta shige ɗakin mahaifiyarta.

Ya zuba wa takardar ido. Da ya ɗaga kai, babu komai a cikin gilashin sai fuskarsa.